TAFASA: CIYAWAR DA TA RIƘE GIDAJENMU

    

A yau tarihi za mu taɓa, 'yar uwa, amma kada ki sa ran jin labarin yaƙi ko na sarauta. Tarihin wata ciyawa ne wadda mai yiwuwa yanzu haka tana nan ta tsiro a bayan ɗakinki, ko a gindin katanga inda ruwan indararo ke zuba. Tafasa nake nufi.

Bari in gaya miki abin da ya jawo maganar. Wata damina na je barkar haihuwa a wani gida a Hayin Dogo, can Samaru. Da na fito daga ɗakin mai jego sai na leƙa in gai da uwargidan. Ina yin sallama na ji ƙarar kwano, ashe tura shi ta yi ƙarƙashin gado. To hanci ba ya ƙarya, ƙamshin ƙuli-ƙuli da albasa ya riga ya cika ɗakin. Na ce, "Haba Yaya, fito da shi mu ci mana." Ta jawo kwano tana sunkuyar da kai, ga kwaɗon tafasa ya sha mai. Abin da ta ce da ni shi ne ya tsaya mini a rai har yau. Cewa ta yi, "Wallahi marmari ne kawai, ba wai babu ba ne."

Kin ji fa. Da taliya na tarar tana ci, ai ba za ta rantse mini ba. To me ya sa cin tafasa ya zama abin da mace za ta ba da hanzari a kansa? Amsar tana cikin tarihi.

Da farko dai, ga 'yan matanmu da suka tashi a birni, bari mu san ta. Tafasa takan fito da ruwan farko, wato a nan ƙasar Zazzau wajen watan Mayu zuwa Yuni. Ba mai shuka ta, ba mai yi mata ban ruwa. A kowane hannu za ki ga 'yan ganyaye shida, uku suna duban uku, bakinsu a zagaye ba tsini. Furenta rawaya ne, 'ya'yanta kuma suna cikin wani siririn kwanso mai lanƙwasa kamar lauje. In magariba ta yi sai ganyen ya rufe kamar mai barci, da safe ya buɗe. Awaki da shanu ba su cika damuwa da ita ba in tana ɗanya, shi ya sa za ki ga sun cinye komai a fili sun bar ta tsaye. Kamar dai an ajiye wa ɗan Adam ne.

Kuma lura da lokacin da take zuwa. Manomi ya yi shuka, rumbu ya yi ƙasa, abin da ya rage na bara an zuba shi a rami a matsayin iri. Gero ba zai nuna ba sai wajen Agusta ko Satumba, dawa kuwa, wadda ita ce ƙarfin abincin ƙasar Zazzau, sai an shiga sanyi. Wannan tsakanin, lokacin marka, shi ne wuyar shekara ga talaka tun zamanin kakanni. Gona ta yi kore shar, amma tukunya ba nauyi. A daidai nan ne tafasa da 'yan uwanta, su gasaya da lalo da rukuɓu da yaɗiya, suke cika ko'ina. Mudu ɗaya na tsaki in an haɗa shi da ganye sai ya yi aikin biyu. Haka iyayenmu suka riƙa jan rumbu har ya kai su kaka.

To mu koma baya. Turawa sun shigo Zariya a 1902, zamanin Sarki Kwasau, a 1903 kuma aka naɗa Aliyu ɗan Sidi. A 1911 jirgin ƙasa ya iso Zariya ya wuce Kano. Da zuwan reluwe aka kafa Sabon Gari a kusa da tasha, aka cika ta da ma'aikata da 'yan kasuwa da leburori daga kudu da arewa. Abin lura a nan shi ne, yawancin waɗannan baƙi ba su da gona. Komai sai sun saya, har ganyen miya. Daga nan matan ƙauyukan kewaye suka sami kasuwa. Abin da a da ake tsinkowa don tukunyar gida kawai, sai ga shi ana ɗaukowa a kwarya ana kasawa. Su kansu baƙin ba baƙon ganye ba ne a wurinsu: lalon da muke kaɗawa, shi ne Yarbawa ke kira ewedu, kuma suna girmama shi har gobe.

Jirgin nan bai daɗe da zuwa ba sai jarrabawa ta sauka. A 1912 gyaɗa ta yi kuɗi a Kano, manoma da yawa suka sayar suka ga abin da ba su saba gani ba, ga kuma haraji da Bature ya ce sai dai a biya da kuɗi. Sai damina ta 1913 ta ƙi. Ruwa ya ɗauke, hatsi ya ƙone a gona tun daga ƙasar Kano da Katsina har cikin ƙasar da yau ake kira Nijar. Shekarar 1914 ta zo da yunwar da tsofaffi ke kira Kakalaba. Dubun dubatar mutane suka rasu a lardin Kano kaɗai, waɗanda ke da sauran ƙarfi kuma suka yi ta gangarowa kudu, inda ruwa ya ɗan fi, suna neman abin sakawa a baki. Allah Ya jiƙan musulmin da suka riga mu.

'Yar uwa, tsaya ki yi tunani. A irin wannan shekara, wa ke fita neman abin da za a dafa? Maigida ya tafi neman hatsi ko ƙodago, wani ma ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Mace ce ke nan da yara. Ita ce ta san wane ganye ake ci, wane ne sai an zubar da ruwansa sau biyu, wane ne ko kusa ba a taɓawa. Da ruwan 1914 ya sauka, watanni ne tsakanin shuka da tumun farko, kuma a watannin nan ganyen daji ne ya tsaya wa gidaje da yawa. Wannan ilmi ba a allo aka rubuta shi ba. Uwa ce ke nuna wa 'ya da yatsa, a bakin gona.

Bayan Kakalaba an sake shan wuya a 1927, an kuma sha a 1942, lokacin yaƙin Hitila, wadda ake kira 'Yar Gusau. Kowane karo labarin ɗaya ne, in rumbu ya ƙare sai a koma wa ganye. To kin ga inda kunyar ta samo asali. Wadda ta ci tafasa safe da yamma wata uku ba mai ba ƙuli, tana kallon ɗanta yana ramewa, in Allah Ya kawo sauƙi ba ta son ko ganinta. Sai ta ce da 'yarta, "Allah Ya raba ki da cin tafasa." Addu'a ce ta uwa, nufinta Allah Ya raba ki da yunwa. Amma da tafiya ta yi tafiya sai jikoki suka ɗauka tafasar ce abin gudu. Aka manta da wahalar, aka bar wa wadda ta yi ceto baƙin jini.

Ana cikin haka wani abu ya faru da ya kamata ki sani. Akwai wani likita ɗan ƙasar Sikotlan mai suna Dalziel, wanda ya yi aiki a Arewa a farkon zamanin Turawa. Mutumin nan ya bi yana tambayar sunayen itatuwa da ciyayi da Hausa, da amfanin kowanne, har a 1916 aka buga masa littafi a Landan na sunayen tsirrai da harshen Hausa, ga tafasa ga gasaya duk a ciki. A 1937 ya sake fitar da wani babba a kan tsirrai masu amfani na Afirka ta Yamma, wanda masana ke dubawa har yau. Sunansa ne a bango, ya kuma yi ƙoƙari. Amma ilmin da ke ciki na mutanen ƙasa ne, kuma abin da ya shafi tukunya, kowa ya san a hannun wa yake.

A 1922 aka kafa tashar aikin gona a Samaru, ta zama cibiyar Ma'aikatar Gona ta Jihar Arewa. Ita ce a 1962, da aka buɗe Jami'ar Ahmadu Bello, ta zama Cibiyar Binciken Aikin Gona da muka sani. Samaru ta yi wa Arewa aiki babba. Irin auduga da gyaɗa da dawa da masara da manoma ke shukawa, da yawa daga can suka fito. Sai dai hankalin hukuma a wancan zamani yana kan abin da jirgi zai ɗauka da abin da zai cika buhu. A idon malamin gona, duk abin da ya tsiro a kunya ba shi ya shuka ba, ciyawa ce, a nome ta. A idon tsohuwar da ke biye da masu noma da ƙwaryarta kuwa, miyar dare ce. Gona ɗaya, ido biyu.

To yanzu sai ki ce, "Ni da ke cikin kulle, ina ruwana da tsinkar ganye a daji?" Ai nan ma akwai tarihi. Kafin zuwan Turawa, a rinjojin ƙasar Zazzau mata bayi ne ke shiga gona tare da maza, matan 'ya'ya kuwa suna gida. Da bauta ta yi ta raguwa har aka haramta ta gaba ɗaya a 1936, mata da yawa suka bar gona suka shiga gida, don zaman gida shi ne alamar 'yanci da mutunci. Wani Bature mai bincike, M. G. Smith, wanda ya zauna a ƙasar Zazzau a 1949 da 1950, ya yi bayanin wannan sauyi. A daidai lokacin ne matarsa Mary ta zauna da wata dattijuwa, Baba ta Karo, ta rubuta labarin rayuwarta daga bakinta, aka buga a 1954.

Da kulle ya yaɗu, tafasa ba ta daina shigowa gida ba, hannun da ke kawo ta ne ya sauya. Sai aikin ya koma kan tsofaffi da suka wuce kulle, da 'yan mata ƙanana, da matan ƙauye masu kawowa gari daga wajajen Bomo da Basawa da Shika. Ita kuma matar gida ta karɓa ta gyara, ta dafa, ta kwaɗa, ta ɗora wa yarinya a kai ta kai talla. Da yawa daga cikinmu mun san gidan da kwanon kwaɗo ya yi wa 'ya kayan ɗaki. A farkon shekarun 1970 wata mai bincike daga Samaru, Emmy Simmons, ta bi gidaje a Hanwa da Doka da Ɗan Mahawayi tana auna abin da ake ci, tana kuma duba sana'o'in mata. Ta tarar mafi yawan matan, duk da ba su fita, suna da sana'ar abinci da suke juyawa daga cikin gida. Mu dai ba labari ba ne a wurinmu, amma ya shiga takarda.

Sai fari na 1972 zuwa 1974, wanda wasu daga cikin masu saurarenmu sun gani da idonsu. Aka sake yin wani a 1984, wanda mutanen Maraɗi ke kira El-Buhari saboda ya zo daidai da rufe iyaka. A 2005 ma Nijar ta shiga matsi, har aka riƙa nuno mata a talabijin suna tsinkar ganye suna dafa anza. Waɗannan shekaru ne suka sa masana suka waiwayo. Wasu Amurkawa biyu, Nina Etkin da Paul Ross, sun yi shekaru tun daga 1975 suna bincike a wani ƙauye a ƙasar Kano, suka nuna cewa tsirrai da yawa da Bahaushe ke ci su ne kuma yake magani da su, wato abinci da magani a ƙwarya ɗaya. Awon da aka yi wa ganyen tafasa ya nuna yana da sinadarin gina jiki mai yawa in aka kwatanta da sauran ganyaye, ga na ƙarfin ƙashi, ga na ƙarin jini. Abin da kaka ta sani da ciki, sai ga shi na'ura ta tabbatar.

Kuma kada ki ɗauka mu kaɗai ne. A yammacin Sudan, wajen Darfur, mata kan daka ɗanyen ganyen tafasa su cusa a tulu, su binne a ƙasa kamar mako biyu har ya ruɓa irin na daddawa, sannan su cura su shanya. Suna kiransa kawal, suna sa shi a miya a madadin nama, ya kuma taimake su ƙwarai a yunwar 1984 da 1985. A ƙasar Sin da Koriya 'ya'yan ake soyawa a yi shayi. A Indiya akwai masana'antu da ke fitar da wani gari mai kauri daga 'ya'yan ana sayarwa ƙasashen waje. A Amurka kuwa manoman waken soya kuɗi suke kashewa don su hallaka ta. Kowa da yadda ya ɗauke ta.

In kuma kunya ce, tuna da Sahabban Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Rundunar da Abu Ubaida ya jagoranta zuwa bakin teku, guzurinsu ya ƙare har suka ci ganyen itace, aka riƙa kiran rundunar da sunan ganyen. Ba wanda ya ɓoye wannan, da alfahari aka ruwaito shi. Sannan dubi zogale. Muna yara ai shinge ne kawai, abincin marasa hali. Yau ga shi a leda a manyan kantuna, 'yan boko na nema ido rufe. Da tsohuwar zuma ake magani.

Abin da ke ba ni tsoro yanzu ba ƙyama ba ce kaɗai. Filayen ne ke ƙarewa. Hanwa da aka kira ƙauye a 1970, yau gari ya haɗiye ta, daga Sabon Gari har Samaru gini ne ke bin gini. A gonaki kuma feshi ya maye gurbin fartanya, maganin kashe ciyawa bai san tafasa ba bai san gasaya ba. Uwa uba, tsofaffin da suka san ganyen suna tafiya ɗaya bayan ɗaya. Ga shi tun da aka cire tallafin mai a 2023 kowace mai tukunya ta san yadda cefane ya koma. Ranar da za a nemi ilmin nan, kada a tarar ba mai shi.

Saboda haka ga abin da nake roƙonki, kuma ba sai kin taka ƙofar gida ba.

Na farko, in za ki aiki yara ko ki saya, ki tambayi inda aka tsinko. Ban da gonar da aka yi wa feshi, ban da bakin kwata da bola da gefen babban titi. Ki kuma koya musu bambanta ta da rai-ɗore, don suna kama kuma sukan tsiro wuri ɗaya. Ganyen rai-ɗore yana da tsini, ya fi shida a hannu, yana da wari in an murza. 'Ya'yansa guba ne ga ƙananan yara, an sha rasa rayuka a Indiya ta dalilinsu. Ita ma tafasar, kada a bar yara su tauna ɗanyun 'ya'yanta.

Na biyu, wajen dahuwa. Ki nemi sabon toho mai laushi kafin ta yi fure, don tsohon ganye yana da ɗaci kuma yana sakin ciki. Ki tsince, ki wanke sosai saboda ƙasa. Sunanta ma yana tuna miki abin yi: ki tafasa ta har ta yi laushi, ki zubar da ruwan, ki ɗauraye, ki matse da hannu. Sai ki daka ƙuli-ƙuli da barkono da gishiri, ki yanka albasa da tumatir, ki zuba man gyaɗa ki cakuɗa. Ƙulin nan kada ki yi masa rowa, shi ne ke mai da ganye abinci mai riƙe ciki. In dambu ne, ki haɗa ta da tsaki ki turara. Mu Zazzagawa kuwa da ake yi wa tsiyar fate, ai ba sai an koya mana inda ake jefa ganye ba. Mai juna biyu da ƙaramin yaro su ci kaɗan tukuna, a ga yadda cikinsu zai karɓa.

Na uku, ki yi tanadi. Lokacin da take banza a damina, ki sa a kawo da yawa ki shanya a inuwa a kan tabarma mai tsabta, don rana mai zafi tana cinye amfaninta. In ta bushe ƙayau ki ɗure a tulu ko gwangwani mai murfi. Kayan sammako da maraice akan ɗaure shi. In kuma kina da ɗan lungu a tsakar gida, ko tsohon bokiti, ki watsa 'ya'yanta da na gasaya, ki bar wa Allah sauran.

Na ƙarshe, wanda ya fi duka. In akwai tsohuwa a gidanku, yau bayan la'asar ki ɗauki tabarma ki zauna kusa da ita, ki kira 'yarki ta zauna. Ki ce, "Inna, wane ganye kuka ci a shekarar fari? Yaya ake gane shi? Yaya ake dafa shi?" Ki bar ta ta yi ta zuba. In 'yar tana makaranta ta ɗauko biro ta rubuta.

Ita kuwa Yayata ta Hayin Dogo, ranar nan tare muka sa hannu muka share kwanon nan tas, har na roƙi na tafiya da shi a leda.

To 'yan uwa, nan za mu dakata sai wani mako in Allah Ya kai mu. Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya raba mu da yunwa da sanadinta, Ya jiƙan iyayenmu da suka sha wuya muka rayu. A gai da maigida, a shafa kan yara. Wassalamu alaikum.